Rikicin Bashin Kuɗin Wutar Lantarki a Wuraren Sana'a: Bayani Ga Jama'ar Ƙasar Haɗeja

Gabatarwa

Masu iya magana sun ce bashi hanji ne, yana cikin kowa. To amma bashin kuɗin wuta ya sha bamban da sauran basussuka, domin wanda yake bin bashin shi ne kuma yake da ikon tsayar da sana'ar wanda ake bi a cikin yini guda. A garin Haɗeja da sauran ƙananan hukumomin masarautar, wato Auyo, Kafin Hausa, Kaugama, Malam Madori, Birniwa, Guri da Kirikasamma, akwai ɗimbin magidanta da abincinsu ya rataya a kan wutar lantarki. Daga cikinsu akwai masu injinan casar shinkafa, da masu niƙa, da masu walda, da masu ƙanƙara da ruwan leda, da teloli da masu aski. Ranar da aka cire wa ɗayansu waya daga kan falwaya, ba shi kaɗai abin yake shafa ba, har da yaransa na aiki da manoman da suka kawo masa kaya.

Mun shirya wannan bayani ne domin masu sana'a, da masu unguwanni, dagatai da hakimai, da kuma jami'an ƙananan hukumomi waɗanda irin waɗannan koke-koke suke fara zuwa gabansu. Abin da muke so a fahimta shi ne, doka ta shimfiɗa matakan warware wannan rikici ɗaya bayan ɗaya, kuma kotu ce matakin ƙarshe. Wanda ya biya abin da babu gardama a kansa, ya rubuta kokensa a kan sauran, ya kuma adana takardunsa, shi ne yake da ƙarfi a kowane mataki.

Wane ne yake bin bashin?

Har yau jama'a da dama suna cewa NEPA, alhali kuwa wannan hukuma, wadda aka kafa a 1972, ta daɗe da rushewa. Dokar gyaran harkar wutar lantarki ta 2005 ce ta maye gurbinta da kamfanin PHCN, ta kuma kafa hukumar NERC domin sa ido a kan harkar baki ɗaya. A ranar 1 ga Nuwamba, 2013, aka miƙa kamfanonin rarraba wuta ga 'yan kasuwa. Akwai irinsu 11 da aka fitar daga cikin PHCN, kuma wanda yake kula da jihohin Kano, Katsina da Jigawa shi ne KEDCO, mai hedkwata a Kano.

Wannan sauyi yana da muhimmanci ga mai sana'a. Kuɗin wuta ba haraji ba ne, ciniki ne tsakanin mai sayarwa da mai saye. Kamfanin yana da haƙƙin a biya shi kuɗin wutar da aka sha, mai sana'a kuma yana da haƙƙin kada a caje shi abin da bai sha ba. Hukumar NERC ce take yanka farashi, take kuma tsara ƙa'idojin da ɓangarorin biyu za su bi. A shekarar 2023 an sa hannu a kan sabuwar Dokar Wutar Lantarki wadda ta soke ta 2005, ta kuma buɗe wa jihohi ƙofar kafa nasu hukumomin sa ido. A shekarar ne kuma NERC ta tattara ƙa'idojinta na kare haƙƙin masu amfani da wuta a kundi guda.

Inda rikicin yake samo asali

Abu na farko shi ne cajin ƙiyasi. Wurin da babu mita, kamfani yana kintatar abin da aka sha ne ya rubuta a takarda. Sana'o'in fadamar Haɗeja kuwa yawancinsu na lokaci ne. Injin casa yana aiki ba dare ba rana da kaka, sannan ya sake samun aiki bayan an girbe noman rani, amma da tsakiyar damina sai ya yi makonni a rufe. Mai ƙanƙara kasuwarsa bazara ce da watan azumi idan ya faɗo a lokacin zafi, da hunturu kuwa ciniki ya ja baya. Takardar ƙiyasi ba ta san kaka ba, ba ta san damina ba. Haka za ta riƙa zuwa wata-wata, mai wurin yana ƙin biya domin yana ganin bai yi aiki ba, har bashin ya taru ya fi ƙarfinsa.

Abu na biyu shi ne kwanakin da babu wuta sam. Ambaliyar kogin Haɗeja, irin wadda aka gani a 2018 da 2020 da 2022, takan kayar da turakun wuta ta kuma raba garuruwa da hanya. Haka nan a watan Oktoba na 2024, lalacewar manyan layukan da suke kawo wuta Arewa ta jefa jihohi da dama, har da Jigawa, cikin duhu na kwanaki masu yawa. Mai mita bai yi asarar komai ba ta fuskar caji, domin mitarsa ta tsaya. Wanda ba shi da mita kuwa, sai ya iya nuna ranar da wuta ta ɗauke da ranar da ta dawo kafin a rage masa.

Abu na uku shi ne bashin gado. Mutum ya kama hayar shago ko ya sayi wurin niƙa, bayan wata biyu sai a kawo masa takarda ɗauke da bashin shekaru na wanda ya riga shi zama. Abu na huɗu shi ne kuɗin da aka biya amma bai shiga lissafi ba, saboda an danƙa shi hannun wani mutum ba tare da rasit ba. Wannan ya fi faruwa a ƙauyukan da jama'a suke haɗa kuɗin wuta a hannun kwamiti. Abu na biyar shi ne rukunin farashi. Tun 2020 aka raba layukan wuta rukuni biyar gwargwadon awoyin da ake samu a kullum: rukunin A aƙalla awa 20, B awa 16, C awa 12, D awa 8, E kuma awa 4. A watan Afrilu na 2024 an ɗaga farashin rukunin A zuwa naira 225 a kan kowane ma'auni, kafin a ɗan rage shi a watan Mayu. Wanda aka sa a rukunin da ya fi wutar da yake samu yana da hujjar koke.

Abin da ƙa'ida ta tanadar wa mai sana'a

Mai amfani da wuta yana da haƙƙin ƙalubalantar kowace takardar caji. Idan ba shi da mita kuma yana jayayya a kan ƙiyasin da aka yi masa, ƙa'idar NERC ta ba shi damar ci gaba da biyan adadin takarda ta ƙarshe da babu gardama a kanta, har a kammala duba kokensa. Wannan dama ba izinin daina biya ba ce. Wanda ya rufe aljihunsa gaba ɗaya ya raunana kansa da kansa.

Tun watan Fabrairu na 2020, NERC ta sa iyaka ga yawan wutar da za a iya ƙiyasta wa gidaje da ƙananan wuraren kasuwanci marasa mita, kuma tana fitar da wannan iyaka layi-layi. Ba magana ce ta fatar baki ba. A watan Fabrairu na 2024 hukumar ta sanar da cire fiye da naira biliyan 10 daga kuɗin shigar kamfanonin rarraba wuta 11 saboda ƙetare wannan iyaka a 2023, ta kuma umarce su da su mayar wa waɗanda aka caja fiye da kima rarar kuɗinsu a cikin lissafinsu. Su kuwa manyan wurare masu jan wuta da yawa, irin manyan injinan shinkafa, tun 2017 hukumar ta hana a yi musu cajin ƙiyasi, dole ne a sa musu mita. Haka kuma tun Fabrairu na 2016 aka soke tsayayyen kuɗin wata-wata da ake biya ko an sha wuta ko ba a sha ba.

Game da yanke wuta saboda rashin biya, ƙa'idojin 2023 sun ce dole ne takardar caji ta nuna ranar ƙarshe ta biya, a kuma ba mutum aƙalla kwana 10 daga ranar da takardar ta isa gare shi, sannan a ƙara kwana 2 na aiki bayan cikar wa'adin kafin a yanke. Wannan wa'adi ya fi na dā gajarta ƙwarai, don haka bai kamata mai sana'a ya ajiye takarda a aljihun tebur yana jiran a zo ba. Har ila yau, sayen taransifoma ko turaku ko gyaransu nauyi ne na kamfani, ba na jama'ar gari ba.

A ɗaya ɓangaren, ƙa'ida ta ɗora wa mai amfani da wuta nauyin biya a kan lokaci, da barin ma'aikata su duba mita, da sanar da kamfani duk wani bashi da ya tarar kafin ya tare a sabon wuri.

Yadda mai inji zai auna cajinsa

Gardama ba ta ƙarewa idan kowane ɓangare yana cewa ya yi yawa ko bai yi yawa ba. Lissafi ne yake raba ta. A jikin kowace motar inji akwai ɗan ƙarfe da aka rubuta ƙarfinta. Ƙarfin doki ɗaya ya kai kimanin kashi uku cikin huɗu na kilowat, wato mota mai ƙarfin doki 20 tana jan kusan kilowat 15. A misali, idan ta yi aikin awa 6 a kullum na tsawon kwana 20, lissafin shi ne 15 sau 6 sau 20, wato ma'auni 1,800. Sai a ƙara fitilu da fanka da sauran ƙananan kaya, a ninka da farashin rukunin da layin yake, a ɗora harajin kaya na kashi 7.5 cikin 100. Idan abin da ya fito ya yi kusa da abin da ke cikin takarda, to bashin gaskiya ne, abin da ya rage shi ne neman sauƙin biya. Idan kuwa tazarar mai faɗi ce, to ga hujja ta samu.

Saboda haka muna ba kowane mai inji shawarar ya ajiye ƙaramin littafi, ya riƙa rubuta ranakun aiki da awoyin da aka samu wuta. Rubuta bashi da kafa masa shaida ba baƙon abu ba ne a wurinmu, domin aya mafi tsawo a Alƙur'ani Mai Girma, a cikin Suratul Baƙara, a kan haka ta yi umarni.

Matakan kai koke

Mataki na farko shi ne ofishin kamfanin. Kowane kamfanin rarraba wuta yana da sashen karɓar koke-koke. A rubuta koke a takarda, a sa suna da lambar asusun wuta da adireshin wurin, a faɗi watannin da ake jayayya a kansu da dalili, a haɗa da kwafin takardun caji da rasit. A tabbata an buga wa kwafin mai koke hatimi da kwanan wata. Maganar baki da ma'aikacin da ya zo da tsani ba koke ba ce. Ana sa ran kamfani ya warware matsalar cikin kwana 15 na aiki.

A wannan mataki ne ya kamata a nemi zaman daidaita lissafi, inda za a baje takardun ɓangarorin biyu wata bayan wata. Amfanin irin wannan zama ya bayyana a watan Fabrairu na 2024, lokacin da kamfanin rarraba wuta na Abuja ya wallafa sunayen ma'aikatu da hukumomin gwamnati 86 da yake bi bashi, ya kuma ce yana bin Fadar Shugaban Ƙasa kimanin naira miliyan 923. Bayan an daidaita lissafi, Fadar ta sanar da cewa abin da ya rage kimanin naira miliyan 342 ne, Shugaba Bola Ahmed Tinubu kuma ya ba da umarnin a biya. Idan lissafin Fadar Shugaban Ƙasa yana buƙatar a zauna a tace shi, na mai niƙa a Auyo ma haka ne.

Mataki na biyu shi ne zauren sauraron koke-koke na NERC, wanda ofishinsa na Jihar Jigawa yake Dutse. Mambobin zauren ba ma'aikatan kamfani ba ne. Sun haɗa da wakilan masu masana'antu, da 'yan kasuwa, da masu amfani da wuta a gidaje, da ƙungiyoyin sa-kai, tare da injiniyan lantarki. Zauren yana kiran ɓangarorin biyu ya saurare su ya yanke hukunci, kuma mutum yana iya tsayawa da kansa ba sai da lauya ba.

Mataki na uku shi ne ɗaukaka koke zuwa ita kanta hukumar NERC a Abuja, cikin kwana 10 na aiki bayan hukuncin zauren. Baya ga wannan, hukumar tarayya mai kare haƙƙin masu sayen kaya, FCCPC, ita ma tana karɓar koke-koken wutar lantarki.

Idan magana ta kai kotu

Ƙofar kotu a buɗe take ga kowa, sai dai abin da ya faru a 2024 ya isa darasi. Bayan ƙarin farashin rukunin A, wasu masana'antu na Kano tare da ƙungiyar masu masana'antu ta ƙasa, MAN, sun kai KEDCO da NERC ƙara Babbar Kotun Tarayya da ke Kano. A watan Mayu kotun ta ba da umarnin wucin gadi na dakatar da aiwatar da sabon farashin a kansu, amma daga baya a cikin shekarar ta kori ƙarar. A watan Oktoba kuma Babbar Kotun Tarayya da ke Legas ta yi watsi da irin wannan ƙara ta ƙungiyar MAN, bisa dalilin cewa ba a bi matakan da dokar wutar lantarki ta tanada ba kafin a garzaya kotu.

Darussa biyu ne a nan. Na farko, wanda ya tsallake matakan koke yana iya ɓata kuɗinsa da lokacinsa ba tare da an ma duba gaskiyar maganarsa ba. Na biyu, umarnin wucin gadi ba ya shafe bashi. Yana dakatar da mataki ne kawai, kuma idan ƙara ta faɗi, duk abin da ya taru a lokacin shari'ar yana nan yana jira. Mai hankali yakan ware kuɗin da ake gardama a kansa ya ajiye gefe har a ga ƙarshen magana.

Ya kamata kuma a san kotun da take da hurumi. Ƙalubalantar hukuncin hukumar tarayya irin NERC aikin Babbar Kotun Tarayya ne, kuma tana da reshe a Dutse. Shari'ar bashi zalla kuwa hurumin kotunan jiha ce. Rikici tsakanin mai shago da ɗan haya a kan wanda zai ɗauki bashin wuta, ko tsakanin abokan tarayya a inji, ko tsakanin magada, ba rikici ne da kamfani ba, kuma sau da yawa ana kashe shi ta hanyar sulhu a gaban mai unguwa ko hakimi ko a kotun shari'ar Musulunci. Kafin shigar da kowace ƙara, a nemi shawarar lauya.

Bambancin bashi da laifi

Rashin biyan kuɗin wuta bashi ne, ba laifin da ake kama mutum a kansa ba ne. Dokar 'yan sanda ta 2020 ta hana kama mutum saboda saɓa yarjejeniya kawai. To amma da zarar mutum ya kira wani ya jona masa wuta bayan an yanke, ko ya zagaye mita, ko ya taɓa cikinta, magana ta tashi daga bashi ta koma satar wuta, wadda Dokar Wutar Lantarki ta 2023 ta tanadar mata ɗauri ko tara mai nauyi ko duka biyun. Haka nan cin zarafin ma'aikacin da ya zo aikinsa. Mutum yana iya kasancewa da gaskiya a kan caji, amma jonin dare ɗaya ya rusa masa ita.

Yarjejeniyar biya kaɗan-kaɗan

Yawancin waɗannan rikice-rikice da sulhu suke ƙarewa. Idan an cimma matsaya, a rubuta ta, kuma takardar ta ƙunshi jimillar bashin da aka amince da shi bayan daidaita lissafi, da adadin da za a riƙa biya da ranakunsa, da ranar da za a mayar da wuta, da sa hannun jami'in kamfani mai ikon yin haka. Mai sana'ar lokaci ya nemi a tsara biyan daidai da kakarsa, ya biya da yawa lokacin aiki, ya biya kaɗan lokacin da inji yake rufe. Idan za a sa mita mai kati a riƙa cire bashin daga kuɗin da ake sayen wuta, a rubuta yawan abin da za a riƙa cirewa. Kada a sa hannu a kan adadin da ba a tantance ba don ɗokin a dawo da wuta, domin sa hannu amincewa ce. Kowane biya kuma a yi shi ta banki ko ta hanyoyin da kamfani ya amince da su, da lambar asusun wurin, a karɓi rasit.

Kira ga shugabanni da jami'ai

Masu unguwanni da dagatai suna da rawar da babu mai iya taka ta sai su. Idan ambaliya ko iska ta kayar da layi, ko taransifoma ta ƙone, a rubuta wa kamfani takarda a ranar, a kuma sake rubutawa ranar da wuta ta dawo. Waɗannan takardu biyu za su zama shaida ga duk marasa mita na garin. Inda ake haɗa kuɗi a hannun kwamiti, a riƙa karanta rasit a bainar jama'a kowane wata. Idan ana ƙulla hayar shago ko cinikin wurin sana'a a gabansu, su tambayi takardar wuta ta ƙarshe, a rubuta wanda zai biya abin da ke cikinta kafin a miƙa makulli.

Su kuma jami'an ƙananan hukumomi, su tabbata shagunan kasuwa da ake ba haya kowanne yana da nasa lissafin, kada bashin mutum ɗaya ya jawo wa layi guda duhu. Haka nan su kula da takardun sakatariya da asibitoci da famfunan ruwa, domin hukumar da ake bi bashi ba ta da bakin yi wa talaka sulhu.

Kammalawa

Maganin da ya fi kowanne shi ne mita. Muna kira ga duk mai sana'ar da ba shi da ita da ya rubuta takardar nema ya ajiye kwafi, wanda kuma zai rufe wurinsa na tsawon lokaci ya sanar da kamfani a rubuce tun kafin ya rufe. Wanda takardar bashi take hannunsa a yanzu, kada ya jira ranar da za a zo da tsani. Ya tattara rasit ɗinsa, ya yi lissafinsa, ya biya abin da ya san ya sha, ya kai kokensa a rubuce a kan sauran. Allah Ya sa albarka a sana'o'inmu, Ya kuma ba mu ikon sauke haƙƙin juna.